Waliyyin Bakin Lambatu

Kot Jiwan, 9 ga Maris

Zuwa ga Kawu Riyasat,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya a can Maskat kamar yadda muke a nan. Kaka tana gaishe ka. Gwiwarta ta yi sauƙi, amma ta ce in rubuta maka cewa ba ta yi sauƙi ba, ko ka ji tausayi ka dawo. Na rubuta duka biyun, ka zaɓa.

Ka yi haƙuri da rubutuna. Limaminmu Maulwi Sahib ya koya mini karatun Alƙur'ani da wankan gawa da haƙa kabari, bai koya mini miƙe layi ba.

Sai maganar lambatu. Chaudhri Fazal Dad bai tsaya ba. Ka tafi ka bar shi da shago biyu a kan lambatun da ke bayan gidanmu, yanzu uku ne, ga garken ɓaunar gida ya ƙara. Hanyar ruwan da a da mota za ta iya bi, yau akuya sai ta matse ciki. Ɗan abin da ya rage shi ne bakin lambatun, wajen ƙayar nan, kuma na ji zai sa a sare ta ya zuba kankare.

Na je ofishin gari da takardar da ka bari. Akawun ya duba ta sama da ƙasa, ya ce, "Fili dai na gwamnati ne, ba mai musu."

Na ce, "To a rushe."

Ya ce, "Ai an ba shi takardar gargaɗi."

"Yaushe?"

"Sau huɗu ma."

Ya faɗa da alfahari, kamar wanda ya sauke Alƙur'ani sau huɗu. Na tambaye shi ko ruwan damina ya san an ba da gargaɗi, ya ce in fita.

Magini ya zo ya duba bangon sabon ɗakinka, wanda ruwa ya tsaga bara. Ya sa yatsa uku a tsagar, suka shige. Ya ce in ruwa ya sake kwana a gindinsa ko sau ɗaya, to a yi masa sallar gawa. Kaka kuwa a ɗakin take kwana. Na ce ta koma na gaba, ta ce ɗakin da ɗanta ya yi shekara tara yana ɗaukar siminti a ƙasar mutane kafin ya gina, ba za ta bar wa ɓeraye ba.

Amma kada ka damu, Kawu. Ɗan 'yar'uwarka ba ya barci. Akwai wata 'yar dabara da na shirya wa Chaudhri, ba zan faɗa ba sai ta nuna. Ka dai san mutum ne da ba ya bi ta gefen maƙabarta ko da rana tsaka.

Kaka ta ce ka aiko da man zafi irin na bara. Ni kuma agogo, ko mai tafiya ko marar tafiya, a hannu dai za a gani.

Ɗanka,
Gulfam

*

Maskat, 27 ga Maris

Gulfam,

Wa alaikumus salam. Na ga wasiƙarka. Ina lafiya, sai zafi da aiki. Ka gaida Inna, ka ce mata man zafi yana hanya. Agogo kuwa sai ranar da ka san lokacin tashi daga barci.

Ka buɗe kunne. Akwai wani injiniya ɗan garinmu a nan, surukinsa babba ne a ofishin gundumarmu. Wata uku ina kai masa gaisuwa, har gyaran bangon gidansa na yi masa ranar hutuna. Jiya ya kira ni ya ce an sa hannu. Katafila za ta zo kafin ƙarshen Afirilu, ta buɗe lambatun daga baki har ƙarshe. Ta wajen ƙayar nan za ta shiga, don ba wata hanya.

Saboda haka kowace irin dabara ce a kanka, ka mayar da ita inda ka ɗauko. Ban manta ranar da ka ɗaure wa ladan takalma ba, ko ranar da ka gaya wa unguwa an ga wata alhali da sauran kwana guda. Wannan ba wasa ba ne. Kada ka taɓa komai, kada ka ce wa Chaudhri komai. Ka zauna kamar dutse har katafila ta zo.

Kawunka,
Riyasat Ali

*

Kot Jiwan, 24 ga Afirilu

Zuwa ga Kawu,

Assalamu alaikum. Muna lafiya. Kaka lafiya. Ni ma lafiya, amma ba sosai ba.

Kawu, wasiƙarka ta iso kwana shida bayan na riga na taɓa abin da ka ce kada in taɓa.

Ga yadda aka yi. Ranar da aka tafi ɗauko amaryar ɗan Chaudhri, unguwa ta watse, ko kaza ba ta rage ba. Na kwaso tsofaffin jan bulo daga kangon nan, na shiga cikin ƙayar bakin lambatu, na jera su na rufa da ƙasa. Na yi kabari, Kawu. Na ce in ma'aikatansa sun sare ƙaya suka gani, Chaudhri zai tsorata ya bar wurin, mu kuma mu sha dariya.

Kuskurena shi ne na yi shi da kyau. Kai arewa, ƙafa kudu, fuska ga alƙibla, daidai yadda Maulwi Sahib ya koya mini. Bulo ya yi saura, na ga asara ce, na ƙara tsawo. Ka san mutanenmu, kabari in ya yi tsawo to na bayin Allah na zamanin da ne. Sannan na rufa masa tsohon koren ƙyallen da Kaka take rufe akwatinta da shi. Na ce mata ɓera ya ci na yar.

Da aka sare ƙaya, ma'aikata suka zubar da adda suka cire takalma. Chaudhri ya zo, fuskarsa ta yi fari fat, ya koma gida ya kwanta kwana biyu. Ni kuma ina kan katanga cikina har ciwo yake.

Rana ta uku ya fito da fitilar mai da turare. Ya ce an nuna masa a mafarki.

Ran Talatar da ta wuce katafilarka ta zo. Wallahi ta zo, Kawu, rawaya, da 'yan sanda biyu da akawun nan riƙe da fayil. Ta miƙe har bakin ƙaya. Direban ya leƙo, ya ga kore, ya kashe inji ya sauko.

Akawu ya ce, "Ustad direba, hau mana."

Ya ce, "Ina da 'ya'ya biyar. Kai hau."

Akawu ya dubi 'yan sanda, suka ce su tsaro aka turo su. Na kutsa na ce, "Ranka ya daɗe, ba kowa a ciki, ni na yi shi."

Wuri ya ɗauki dariya. Chaudhri ya ce, "Wannan shi ne ya ga mana wata bara." Wani dattijo ya talle mini ƙeya ya ce in ji tsoron Allah. Akawu ya rubuta wani abu a fayil, ya ce magana ta fi ƙarfin ofishinsu, ta koma ta masu kula da wuraren ibada. Direban ya ɗaura zare a jikin ragowar ƙaya don neman albarka, ya yi addu'a, ya juya katafila.

Ban san abin da zan yi ba. Na yi ƙarya an yarda, na faɗi gaskiya an ƙi. Ban gaya wa Kaka ba. Ka faɗa mini yadda zan yi, ka zage ni daga baya.

Zan ba mai waldan nan, Allah Ditta, wannan wasiƙa, jibi zai taso zuwa wajenku, ya fi gidan waya sauri.

Ɗanka,
Gulfam

*

Maskat, 20 ga Mayu

Gulfam,

Assalamu alaikum. Ina lafiya. Tun wasiƙarka ta Maris ban ji daga gare ka ba. Ko hannunka ya karye ne?

A bakin mutane nake jin labarin gidana. Wani yaro ɗan ƙauyen kusa da mu ya iso makon jiya, ya ce an gano kabarin waliyyi a Kot Jiwan, Baba Mai Kore, wai har katafila ta je gabansa ta mutu, aka yi aka yi ta ƙi tashi. Na ce a wace unguwa? Da ya kwatanta, sai na ga bayan ɗakina ne.

Na kasa cin abinci. A wurin nan na yi wasa ina yaro, a wurin muke zubar da shara, Allah Ya yafe mana. Ban taɓa ganin komai ba. Amma mahaifinmu ya taɓa cewa akwai wani fakiri, bawan Allah mai yawan ibada, da ya zauna a unguwar kafin a raba ƙasarmu biyu. Ko shi ne? Abokan ɗakina sai taya ni murna suke yi, wani ma ya ce in sayar masa da gidan. Ni kuwa ban san ko murna zan yi ko kuka ba. In waliyyi ne, ai ba zai bar bango ya faɗa wa tsohuwa ba. In kuma katafila ba ta shiga ba, ina ruwan zai bi?

Injiniya ya daina amsa gaisuwata. Ya ce na sa surukinsa ya kusa taka kabarin bawan Allah.

Na sayi koren mayafi mai zaren zinariya, albashin kwana huɗu, na sa a kayan wani da za su taho ta jirgin ruwa. In ya iso ka kai Inna ta rufa da hannunta, ta roƙa mana gafara.

Kai kuma ka kama bakinka a wurin nan. Na san halinka. Wannan ba ladan ba ne.

Allah Ditta ya iso, na gan shi daga nesa a masallaci, an tura su wani aiki cikin hamada.

Kawunka,
Riyasat Ali

*

Kot Jiwan, 8 ga Yuni

Zuwa ga Kawu,

Assalamu alaikum. Muna lafiya. Zafi ya kai inda ɓaunar Chaudhri ma ta daina taunawa.

Na karanta wasiƙarka sau uku ina neman zagin, ban samu ba. Sai da na kai layin Allah Ditta na gane. Kawu, wasiƙata tana aljihunsa. Ka nemo shi ko a ƙarƙashin yashi yake. Kafin nan ga ta a taƙaice: babu waliyyi. Ni ne. Bulo ne da ƙasa da ƙyallen akwatin Kaka. Katafila ba ta mutu ba, direba ne ya kashe ta. Fakirin da kakana ya faɗa kuwa, na tambaya, a Lahore ya rasu.

Da na karanta wa Kaka wasiƙarka na tsallake rabi. Ta ce, "Riyasat ya rage surutu." Na ce tsufa ne.

Yanzu ga inda muke. Chaudhri ya ce masu ziyara ba su da wurin zama, ya cike bakin lambatun da ƙasa ya yi dakali. Ɗan abin da ya rage wa ruwa ya toshe gaba ɗaya. Shagonsa na uku yanzu turare da furanni da koren mayafi yake sayarwa. Duk Alhamis ana dafa shinkafar sadaka. Na ci sau biyu, ba zan ɓoye maka ba, akwai nama.

Na yi yawon ofis har takalmina ya huje. Masu kula da wuraren ibada suka ce ba a rubuta wurin a littafinsu ba, saboda haka ba nasu ba ne, in je wajen patwari mai taswirar filaye. Patwari ya shimfiɗa taswira ya ce, "A nan lambatu ne, babu kabari."

Na ce, "Alhamdu lillahi, rubuta mini haka."

Ya ce, "In rubuta babu, alhali ga shi ana gani?"

Na ce to a tona a duba. Ya ce tonon kabari sai da izinin majistare. Akawun majistare ya ba ni takarda in cike: sunan mamaci, ranar rasuwa, dangantakata da shi. Na ce babu mamaci. Ya ce in babu mamaci me za a tona? Na ce bulo. Ya ce bulo aikin ofishin gari ne. Na koma ofishin gari, akawunmu ya ce an kafa kwamitin mutum uku, ɗaya ya tafi Hajji, kuma izinin katafila zai ƙare ƙarshen wannan wata.

Na fito na zauna a gindin bishiya, har na fara tambayar kaina ko dai da gaske akwai wani a ƙarƙashin da ban lura ba.

Na je wajen Maulwi Sahib. Shi kaɗai bai yi dariya ba. Ya ce tun ranar farko ya ga hannun ɗalibinsa a jerin bulon. Ya faɗa a huɗuba cewa a roƙi Allah kai tsaye, sai aka ce kishi yake yi don sadaka ta bar masallaci. Ya ce, "Ni an ce ina da buƙata, kai an ce maƙaryaci ne. Nemo wanda ba a taɓa kamawa da ko ɗaya ba."

Abin da ya fi damuna ba ofis ba ne. Akwai wata mata da ke zuwa daga ƙauye da yaro a kafaɗa, ƙafarsa ta shanye. Tana zama a gaban bulona tana kuka. Ranar farko na gudu. Ban taɓa yin wasan da na kasa kallo ba sai wannan.

Saura wata guda damina ta sauka.

Ɗanka,
Gulfam

*

Maskat, 26 ga Yuni

Gulfam,

Wasiƙunka biyu sun zo rana ɗaya. Ta gidan waya da safe, ta Allah Ditta da yamma, duk ta sha mai, har da ƙuna a gefe. Ya ce ya ɗauka takardar magani ce.

Na rubuta maka wasiƙa uku na yaga. Ta farko zagi ce. Ta biyu na ce ƙarya kake, wani sabon wasan ne kake yi mini, don har yanzu rabin zuciyata haka take cewa. Ka ga abin da ka jawo wa kanka. Kawunka ma sai da ya auna.

Abin da ya sa na yarda shi ne matar nan da yaronta. Ba ka taɓa rubuta abin da ba dariya a ciki ba.

Wata uku na gaisuwa, Gulfam, da ranar hutuna. Amma bar wannan. Ba zan samu izinin zuwa ba sai bayan damina, fasfona yana hannun kamfani. Mayafin kuma ya riga ya hau ruwa, ba yadda zan yi in dawo da shi.

Abu ɗaya nake so. Ka fitar da Inna daga ɗakin nan. Ba za ta fita don tsaga ba, na sani, amma wataƙila ta fita in ta san gaskiya. Ka zauna a gabanta ka karanta mata wannan wasiƙa tun daga sunanka har sunana. Kada ka tsallake layi. Inna, in kina ji, ki tambaye shi ina ƙyallen akwatinki.

Riyasat Ali

*

Kot Jiwan, 21 ga Yuli

Zuwa ga Kawu,

Assalamu alaikum. Zan fara da abin da kake son ji: Kaka lafiya, bango yana tsaye. Yanzu ka zauna ka sha shayi ka karanta sauran.

Na karanta mata duka. Tana tsintar tsakuwa a cikin waken dal, ba ta ko ɗago ba. Da na kai layin ƙarshe sai na tsaya. Ta ce, "Ci gaba mana, malam. Yau Riyasat ya dawo da surutunsa."

Na faɗa mata komai. Ta ce, "Ɓeran da ya ci ƙyalle ya kai shi har bakin lambatu ya shimfiɗa, ai babban ɓera ne."

Ashe tun ranar da aka sare ƙaya ta leƙa ta taga ta gane kayanta. Na ce, "Kaka, to me ya sa kika yi shiru?"

Ta ce, "Da na yi magana ranar da jini ke tafasa, da yaran Chaudhri sun karya maka ƙafa. Bayan haka kuma jira nake. Ka gaya wa akawu, ka gaya wa patwari, ka gaya wa Maskat. Ni da ke dafa maka gurasar roti ka tsallake ni kamar layin wasiƙa."

Na ce ta koma ɗakin gaba. Ta ce, "Ɗauko mini sandata ranar Alhamis."

Ranar Alhamis bayan la'asar wuri ya cika. Ta ratsa mutane, ta zauna a dakalin Chaudhri, ta ce a ɗage mata mayafan da masu ziyara suka rufa wa kabarin ɗaya bayan ɗaya. Sun kai arba'in, Kawu. Chaudhri ya taso ya kira ta da sunanta ya ce, "Masi Barkat, wannan wuri ba a wasa da shi."

Ta ce, "Fazlu, ni na yanke maka cibiya. Da ƙafa ka fito, tun ranar kake toshe hanya. Koma gefe."

Ka san rabin unguwar nan a hannunta suka faɗo duniya. Ba wanda ya motsa. Ta ce, "Na can ƙasa, a kusurwarsa akwai faci shuɗi mai furanni, daga rigar aurena na yanka, da jan zare na ɗinke. Kusa da shi akwai ƙunar dutsen guga. In ba haka ba ne, ku jefa ni a lambatun, in kun samu inda yake."

Maulwi Sahib ne ya fara ɗagawa. Yana ɗagawa yana ninkewa da ladabi yana miƙa wa na kusa. Da aka kai na ƙasa ya juya kusurwa. Faci shuɗi, jan zare, ƙuna.

Kaka ta nuna ni da sanda ta ce, "Ga waliyyinku nan."

Takalmi uku ne suka same ni, ɗaya na direban tasi ne mai ƙarfe a dunduniya. Ban kauce ba. Wasu suka ce ko da ƙyallen nata ne, wa ya san abin da ke ƙasa? Maulwi Sahib ya miƙo mini fartanya ya ce, "Wanda ya binne shi ya tono." Na tona a gaban kowa. Bulo, bulo, bulo, sai silifas ɗina ƙafar hagu da na nema na rasa tun Afirilu.

Matar nan mai yaro tana wurin. Na je na durƙusa a gabanta. Ta dube ni ta ce, "Ni dai Allah na roƙa, ba kai ba." Ta saɓa ɗanta. Kaka ta kira ta gida, ta duba ƙafar, ta ce a kai shi babban asibiti. Ni na raka su ranar Asabar, na ɗauke shi a wuya daga tasha. Likita ya ce a dawo bayan wata guda. Zan sake raka su.

Dakalin kuwa, ba wanda ya jira ofis. Mutanen layinmu suka ga hadari ya fara haɗuwa, kowa ya tuna ruwan bara. Kwana uku muna haƙa da fartanya da kwanon gini. Chaudhri ya je ya kawo ɗan sanda, wai muna ɓarna a filin gwamnati. Ɗan sandan ya tambayi wa ya ba mu izini. Kaka ta ce wanda ya ba Chaudhri. Ya tsaya ya yi tunani, ya sha nonon lassi, ya tafi.

Rana ta huɗu da hantsi ruwa ya sauko, irin na watan damina Sawan na gaske. Ya taru a bayan ɗakinka har ya lashi bulo biyu na ƙasa. Ina tsaye cikin ruwa ina ture shara da sanda, Kaka tana taga tana ba ni umarni. Can sai na ji ya ja, ya bi ta inda kabarin yake, ya kutsa ƙarƙashin shagunan da ƙyar yana gurnani. Kafin azahar ƙasa ta bayyana.

Shagunan suna nan, garke yana nan. Hanyar ruwan ba ta fi faɗin gado ba. Bana dai mun sha. Baɗi kuma sai ka sake neman injiniya, ni na yi alkawarin zama kamar dutse.

Ɗanka,
Gulfam

*

Kot Jiwan, 12 ga Oktoba

Zuwa ga Kawu,

Assalamu alaikum. Muna lafiya. Na ga wasiƙarka da agogon. Ba ya tafiya, na gane saƙon, na gode. Yaron nan an sa masa takalmin ƙarfe, yana dafa bango.

Abu biyu sun iso mako ɗaya.

Na farko takarda daga ofishin gari, da hatimi uku. Mai Hajji ya dawo, kwamiti ya zauna. Sun gano cewa kabarin bakin lambatu tsoho ne mai daraja, ba za a taɓa shi ba, ba za a kuma shigar da katafila kusa da shi ba, saboda haka an rufe ƙararka. Na je na ce wa akawu, "Ranka ya daɗe, kabarin ba ya nan. Ruwa ke bi ta wurin."

Ya ce, "A fayil yana nan."

Na ce ya zo ya gani da idonsa. Ya ce in rubuto takarda cewa ya ɓata, za a kafa kwamiti. Ban sani ba ko in rubuta, Kawu. Ina tsoron su same shi.

Na biyu mayafinka. Ya iso da zaren zinariyarsa, yana warin jirgi. Na ce wa Kaka ko mu kai masallaci. Ta karɓa, ta shafa, ta ce Riyasat ya iya zaɓe. Ta shimfiɗa a kan akwatinta, ya zauna daidai kamar an auna.

Sannan ta ɗauko allura da jan zare, ta dube ni, ta ɗinke shi a hannayen akwatin ta kusurwa huɗu.

Ɗanka,
Gulfam